Kunkurun tsibirin Sal: dabbar ta ƙare da gaske, amma sunan da aka raɗa mata na wani ne

Duk wanda ya buɗe tsohon jerin dabbobin da suka ƙare a duniya zai iya cin karo da wani suna, Centrochelys atlantica, a gabansa an rubuta cewa wani kunkurun tudu ne da ya taɓa zama a tsibirin Sal na ƙasar Cape Verde, kuma ƙasusuwansa kawai aka sani. Wanda kuma ya duba rubuce-rubucen masana daga 2021 zuwa yau sai ya tarar sun daina kiran sunan, sun ma ce sunan na wani kunkuru ne da yake nan da ransa a Kudancin Amurka, har ana kiwonsa a gidaje. To a nan ne kan mutane ya ɗaure. Wasu suka fahimci wai kunkurun Cape Verde ɗin bai ƙare ba ashe, yana can Brazil yana yawonsa, wasu kuma suka ce ai dama babu wani kunkuru da ya taɓa zama a tsibirin, ƙirƙirarsa aka yi. Duka fahimtar biyu sun kauce hanya, kuma sai an bi labarin daga tushe sannan ake ganin inda kowacce ta kauce.

## Inda abin ya faro

Cape Verde dai masu kallon ƙwallo sun san ta, ƙasa ce ta tsibirai goma a cikin tekun Atlantika, tana cikin ECOWAS, tsakaninta da gaɓar Senegal akwai tafiyar wajen kilomita 570 a ruwa. Duka tsibiran duwatsu masu aman wuta ne suka haifar da su daga ƙarƙashin teku, ma'ana ba su taɓa haɗewa da ƙasar Afirka ba balle a ce wata dabba ta taka da ƙafa ta shiga. Babu kuma mutum ko ɗaya a cikinsu sai da Turawan Portugal suka iso wajen 1460.

Sal a yaren Portugal gishiri kenan, kuma sunan ya bi jiki. A gabashin tsibirin akwai wani wuri da ake kira Pedra de Lume, bakin wani tsohon dutse ne mai aman wuta da ya daɗe da mutuwa, ya zama wani ƙaton kwari zagayayye kamar akushi, ruwan teku yana tsattsafowa ta ƙasa yana taruwa a ciki rana ta ƙafar da shi a kwashi gishiri. An yi shekaru ana haƙar gishiri a wurin har sai da aka huda rami a jikin dutsen don a riƙa fitar da kaya, yanzu kuma 'yan yawon buɗe ido ne suka fi zuwa, su shiga ruwan su kwanta a kai ba sa nutsewa saboda tsabar gishiri.

A cikin wannan kwarin ne a shekarun 1930 aka tono ƙasusuwan kunkurun tudu. Wanda ya kawo rahoton shi ne Auguste Chevalier, Bafaranshe masanin tsirrai, wanda dama ba baƙo ba ne a wannan yanki namu don shi ya jagoranci tafiyar binciken da Faransa ta tura kogin Shari da tafkin Chadi daga 1902 zuwa 1904. Shi da abokan aikinsa sun wallafa bayanin a 1935, kuma a lokacin an ga ƙasusuwan sun yi kama da na ƙaton kunkurun nan na Sahel, irin wanda ake samu daga Senegal har Sudan. Daga nan maganar ta kwanta sama da shekara sittin.

Sai a 1998 wasu masana uku 'yan Sifaniya, López-Jurado da Mateo da García-Márquez, suka samu wasu ƙasusuwa uku da aka yi imanin cewa daga cikin waɗancan na Pedra de Lume ne, suka auna su suka gwada da na kunkurun Sahel, suka ga waɗannan sun fi ƙanƙanta kuma ba su kai su kauri ba, sai suka ce lallai wannan nau'i ne na daban da ya keɓanta da tsibirin. Suka raɗa masa Geochelone atlantica. Daga baya da aka sake tsarin dangogin kunkuru aka mayar da shi gidan Centrochelys, gida ɗaya da na Sahel kenan.

## Kalmomin da sai an gane su

Na farko shi ne burbushi. In masana suka ce burbushin halitta suna nufin abin da ya rage daga jikin dabba ko tsiro na da can, ƙashi ko haƙori ko ɓawon ƙwai ko sawu. Amma akwai mataki-mataki. Akwai wanda ya yi miliyoyin shekaru a ƙasa har ma'adanai suka maye gurbin ƙashin ya koma dutse, irin na manyan dabbobin da ake tonowa a Gadoufaoua cikin hamadar Nijar, wannan babu abin da za a tatsa a jikinsa sai siffa. Akwai kuma wanda bai gama komawa dutse ba, shekarunsa ɗaruruwa ne ko 'yan dubbai, har yanzu da sauran abin jiki a cikinsa, to irin wannan ne ake iya yi wa gwajin DNA da na shekaru. Yawancin ƙasusuwan kunkurun tsibirai da ake taƙaddama a kansu irin na biyun ne.

Na biyu, yadda sunan kimiyya yake. Kalma biyu ne kullum, ta farko kamar sunan gida ce, ta biyu kuma sunan yanka. Centrochelys gida ne, sulcata shi ne na Sahel ɗin, atlantica kuma wanda aka ce ɗan'uwansa ne na tsibiri.

Na uku shi ne wanda duk rikicin ya rataya a kansa. A dokar raɗa wa dabbobi suna da masana na duniya suke bi, ba a raɗa suna a kan iska, dole mai raɗawa ya nuna takamaiman ƙashi ko gawa ya ce ga abin da na sa wa sunan, a ajiye shi a gidan adana kayan tarihi inda kowa zai iya zuwa ya duba. Wannan abin da aka ajiye shi ne shaidar sunan har abada, duk inda ya faɗa nan sunan zai bi shi, ko da kuwa mai raɗawar wani abu daban yake nufi a ransa. Sannan in aka gano dabba ɗaya tana da suna biyu, wanda ya riga shi ne nata. Misalin da zai kawo abin kusa: a ce an yanka rago an yi walima an raɗa suna, bayan shekara ashirin sai ta bayyana cewa jaririn da aka miƙo ranar sunan ɗan maƙwabta ne, kuma dama da sunansa. Ɗan gidan yana nan, an haife shi da gaske, sai dai har yau ba a raɗa masa suna ba.

## Abin da gwajin 2021 ya fito da shi

Waɗanda suka yi aikin su ne Christian Kehlmaier da Uwe Fritz na cibiyar Senckenberg da ke Dresden a Jamus, kuma abin lura shi ne López-Jurado ɗin da ya raɗa sunan a 1998 yana cikin waɗanda suka sa hannu a sabon binciken, an buga shi a mujallar Scientific Reports. Gwaji biyu suka yi wa ƙasusuwan uku, kowanne da tambayar da yake amsawa.

Gwajin DNA shi ke amsa "na waye". Sun ciro irin DNA ɗin da ake gado ta wajen uwa kawai, wanda ya fi yawa a cikin ƙwayar halitta don haka ya fi saurin samuwa a tsohon ƙashi. Abu na farko da ya fito shi ne duka ƙasusuwan uku na dabba ɗaya ne. Na biyu, da aka jera shi da na sauran kunkurun tudu na duniya bai je kusa da na Sahel ba sam, sai ya faɗa tsakiyar wani nau'i da ake kira Chelonoidis carbonarius, kunkuru mai jajayen ɗigo a ƙafa, wanda ake samu daga Panama har arewacin Ajantina, a Brazil suna ce masa jabuti. Shi wannan tun 1824 wani Bajamushe mai suna Spix ya raɗa masa suna, ya riga atlantica da shekara 174. Kuma matsakaicin kunkuru ne, bayansa galibi bai wuce santimita 30 zuwa 40 ba, wanda hakan ya bayyana dalilin da ya sa a 1998 aka ga ƙasusuwan sun fi na Sahel ƙanƙanta. Awon da suka yi daidai ne, fassarar ce ta tafi wani wuri.

Da a ce a nan aka tsaya da an bar ƙofar gardama a buɗe, don wani zai iya cewa to ai mai yiwuwa dubban shekaru da suka wuce wani kunkurun Kudancin Amurka ne teku ta kwaso ta kawo Sal. Gwaji na biyu ne ya rufe wannan ƙofa, wato gwajin kabon, mai amsa "na yaushe".

Yadda yake aiki: a cikin iska akwai wani nau'in kabon da ake kira kabon 14, tsirrai suna shaƙarsa, dabba ta ci tsiro ya shiga jikinta, muddin tana raye tana ta sabunta shi. Ranar da ta mutu shigarsa ta tsaya, wanda ke jiki kuma ya fara raguwa a hankali, rabinsa yana tafiya duk bayan shekara 5,730. In aka auna abin da ya rage sai a lissafa tun yaushe aka mutu, kuma hanyar tana aiki har zuwa wajen shekara 50,000, bayan nan abin da ya saura ya yi kaɗan a auna. Da wannan gwajin ne aka gano cewa kwalekwalen Dufuna, wanda wani makiyayi ya ci karo da shi yana haƙar rijiya a jihar Yobe ta yanzu a 1987, ya kai wajen shekara 8,000.

To amma ƙashin Sal ɗin ba ragin kabon 14 aka samu a jikinsa ba, ƙari aka samu, kuma wannan yana da dalili sananne. A shekarun 1950 zuwa farkon 1960 manyan ƙasashe sun yi ta gwajin bama-baman nukiliya a sararin sama, Amurka da Tarayyar Sobiyet su ne kan gaba, ita ma Faransa ta tayar da nata na farko a Reggane cikin Saharar Aljeriya a watan Fabrairun 1960, ci gaba da gwaje-gwajen a can ne ya kai Najeriya ta yanke hulɗar jakadanci da ita a farkon 1961. Waɗannan fashe-fashen sun kusan ninka kabon 14 ɗin da ke iskar arewacin duniya, ya kai ƙololuwa jim kaɗan bayan yarjejeniyar 1963 da ta hana gwaji a sama, daga nan ya fara sauka. Duk wani abu mai rai da ya ci ya sha a waɗannan shekarun yana ɗauke da tambarin a jikinsa, mutum ne ko dabba ko bishiya. Ƙashin da aka ce na zamanin da can ne sai ga shi da tambarin bam, lissafi ya nuna dabbar tana raye a tsakanin 1962 da 1974. Ƙashin da aka tono a shekarun 1930 kuwa ba zai yiwu mai shi ya kasance yana cin ciyawa a 1962 ba.

Hukuncin da suka yanke kenan: waɗannan ƙasusuwa uku ba sa cikin waɗanda aka tono a Pedra de Lume, sunan atlantica ya bi shaidarsa ya koma ƙarƙashin carbonarius, shi kuma ainihin kunkurun Sal ya zauna babu suna kuma ba a yi masa cikakken nazari ba. Game da yadda aka yi ƙashin ya shigo cikin labarin, masu binciken da kansu sun rubuta cewa ba a iya warware wannan a yanzu, ba su ɗora wa kowa laifin maguɗi ba.

## Ba shi ne na farko ba

Irin wannan cakuɗewar tana faruwa a ma'ajiyar kayan tarihi fiye da yadda ake zato, don ƙashi ba ya magana, 'yar takardar da aka ɗaura masa ita ke faɗin daga ina yake, in ta ɓace ko aka musanya ta shikenan. A 1906 an raɗa wa wani kunkurun ruwa suna Pelusios seychellensis bisa samfura uku da aka ce daga tsibiran Seychelles aka kawo su, aka yi ta nemansa ba a ƙara ganin ko ɗaya ba har aka sa shi a jerin waɗanda suka ƙare. A 2013 gwajin DNA ya nuna ashe kunkurun ruwan Afirka ta Yamma ne, Pelusios castaneus, wanda yake nan birjik a fadamu da rafuka. Sai dai akwai bambanci tsakaninsa da na Sal, shi na Seychelles babu shi ne tun asali, na Sal kuwa akwai rahoton tono na 1935 da ba a rushe shi ba.

Gwajin kuma yana iya juyawa ta ɗaya ɓangaren. A 2023 Kehlmaier da Fritz ɗin dai tare da wasu sun duba wani ƙashin ƙafa daga kudu maso yammacin Madagaska da aka daɗe ana ɗauka na ɗan ƙaramin wani ƙaton kunkuru ne da aka riga aka sani, DNA ya nuna na wani nau'i ne da ba a taɓa sani ba, ƙashin kuma ya kai shekara kusan 1,000, suka sa masa Astrochelys rogerbouri. Jerin dabbobin da suka ƙare ya rasa suna ɗaya a Atlantika ya samu ɗaya a tekun Indiya.

## Ta ina kunkuru ya bi ya shiga tsibiri

Tambayar da kowa ke fara yi kenan, dabbar da ake misali da ita wajen nawa, kuma ba ta ruwa ba, ya aka yi ta haye ɗaruruwan kilomita na teku. Amsar da akasarin masana suka tsaya a kai ita ce ruwa ne yake ɗaukarsa. Huhun kunkuru yana can sama ƙarƙashin ƙoƙon bayansa, don haka in ya faɗa ruwa tasowa yake kamar gora, ya miƙa dogon wuyansa sama yana numfashi, ga shi kuma yana iya yin watanni bai ci ba bai sha ba. Ambaliya ta kwaso shi daga bakin kogi ta zuba a teku, igiya ta yi sauran aikin. Macen kuma tana iya ajiye maniyyin namiji a jikinta na tsawon shekaru, ma'ana mace ɗaya tak in ta isa gaɓa da rai ta isa ta kafa zuriya.

An ma taɓa gani da ido. A watan Disambar 2004 wani ƙaton kunkuru irin na tsibirin Aldabra da ke tekun Indiya ya fito daga teku a Kimbiji, kudu da Dar es Salaam a Tanzaniya, ya rame, ƙafafunsa duk sun cika da ƙananan halittun nan masu ɓawo da ke manne wa gindin jirgin ruwa, daga girmansu aka ƙiyasta ya yi makonni shida zuwa bakwai a ruwa. Tsakanin Aldabra da wurin kuwa wajen kilomita 740 ne, ya fi nisan Senegal zuwa Cape Verde. Wani abin ban mamaki ma, shi kansa kunkurun Kudancin Amurkan da ya jawo wannan rikici, binciken DNA ya nuna daga cikin danginsa na kusa akwai Kinixys na Afirka, ƙananan kunkurun nan da bayan ƙoƙonsu ke lanƙwasawa ya rufe, waɗanda akwai su a Najeriya, wato kakanninsa daga Afirka suka haye Atlantika miliyoyin shekaru da suka wuce.

## Shin ɗan'uwan na Sahel ne?

A nan masana ba su zama baki ɗaya ba. Masu cewa e suna da hujja biyu, kusanci da siffa: Sahel ce ƙasa mafi kusa da ke da manyan kunkurun tudu, kuma waɗanda suka fara ganin ƙasusuwan a shekarun 1930 da shi suka kamanta su. Da wannan tunanin ne ma aka zuba sauran ƙattin kunkurun tsibiran yankin a gidan Centrochelys, irin su burchardi na Tenerife da Ernst Ahl ya bayyana a 1926, da vulcanica na Gran Canaria, duka a tsibiran Canary da ke yamma da Maroko, har da robusta na Malta a Bahar Rum.

Masu taka-tsantsan kuma suna cewa kamannin ƙashi kaɗai ba ya isa, don kunkurun tudu in suka girma ƙasusuwansu kan yi kama da juna ko da ba dangi ba ne, kuma yawancin abin da ake da shi guntaye ne, ƙashin cinya nan, ɓallin ƙoƙo can, ɓawon ƙwai. Suna nuni da cewa shi Geochelone ɗin da aka fara sa atlantica a ciki an daɗe ana amfani da shi kamar buhun tarkace, duk ƙaton kunkurun da ba a san gidansu ba a jefa shi ciki, sai da DNA ya zo aka rarraba su. A 2022 ma wasu masana sun cire na Malta daga Centrochelys suka kafa masa sabon gida mai suna Solitudo tare da wani da aka samu a Sicily. Matsalar ita ce raba gardamar da DNA ba abu ne mai sauƙi ba, zafi yana lalata DNA da wuri, kuma ƙasusuwan Canary sun tsufa sosai. Inda aka yi dace, kamar wani kunkurun Bahamas da ya ƙare wanda aka ciro DNA ɗinsa mai shekara kusan 1,000, a cikin wani rami mai zurfi cike da ruwan da babu iskar shaƙa a ƙasansa aka same shi, shi ya kare ƙashin daga ruɓewa.

## Me ke ƙarar da su

Bayani biyu ne ake yi, kuma kowanne akwai tsibirin da ya gaskata shi. Na farko mutum. Misalin da babu gardama a kansa shi ne tsibiran Mauritius da Réunion da Rodrigues a tekun Indiya, inda nau'i biyar na gidan Cylindraspis suka ƙare kaf. François Leguat, Bafaranshen da ya zauna a Rodrigues daga 1691 zuwa 1693, ya ba da labarin garken kunkuru dubu biyu zuwa uku a wuri ɗaya, har mutum zai iya taku sama da ɗari a kan bayansu bai taɓa ƙasa ba. Juriyar nan da ta kai su tsibirin ita ta zame musu bala'i, matuƙa jiragen ruwa suka gane cewa ga nama da za a kife a cikin jirgi ya yi watanni da rai ba ci ba sha, a lokacin da babu firji. An ƙiyasta an kwashe kusan 280,000 daga Rodrigues kaɗai tsakanin 1732 da 1771, aladu da ɓeraye da kyanwoyin da aka shigo da su kuma suka bi ƙwai da 'ya'ya, zuwa wajen 1800 babu ko ɗaya a tsibirin.

Na biyu kuma yanayi da ƙasar kanta. Na Canary sun ƙare tun kafin ɗan Adam ya taka tsibiran, ana danganta abin da aman wutar duwatsu. Aldabra kuma, wadda yau take da kunkuru wajen 100,000, teku ta sha shanye ta gaba ɗaya a zamanin da, komai na kanta ya mutu, in ta sake fitowa wasu su sake zuwa ta ruwa. Shi na Sal babu wata shaida da ta nuna ya haɗu da mutane, don haka an fi karkata ga bayani na biyu, amma tunda ƙasusuwan da aka yi wa gwajin shekaru ba nasa ba ne, lokacin ƙarewar tasa ma yana jiran a auna.

## Ina ruwan talaka da wannan

Ga mutanen Cape Verde abin ya shafi abin da ake koya wa yara da abin da ake faɗa wa baƙi game da tarihin tsibirin, haka ɗalibi ko ɗan jarida a ko'ina da zai kwafi tsohon jeri, zai maimaita sunan da ya riga ya tashi daga aiki.

Akwai kuma inda yake taɓa aiki na zahiri. Kunkuru a tsibiri shi ne saniya shi ne akuya, shi ke kiwon ciyawa, ya haɗiye 'ya'yan itace ya kai irin wani wuri ya sauke da takinsa, in ya ƙare wasu bishiyoyin sai su kasa yaɗuwa. Shi ya sa a Mauritius aka kawo na Aldabra aka saka a ƙaramin tsibirin Île aux Aigrettes da kuma Round Island don su riƙe aikin waɗanda suka ƙare, kuma an ga irin wata bishiya dangin kanya da ta kusa ƙarewa ya fara tsirowa nesa da gindin uwayensa. Masu goyon bayan wannan dabara suna cewa aikin da dabbar ke yi shi ne abin dubawa, masu adawa kuma suna tsoron a shigo da baƙuwar dabba ta zama annoba. Kowane ɓangare dai yana buƙatar sanin wace dabba ce ta zauna a wurin, girmanta nawa, me take ci, kuma ga Sal duk bayanin girman da aka dogara da shi tun 1998 na wata dabba ce daban.

Shi kuma gwajin tambarin bam ɗin ya wuce maganar kunkuru, da shi ake gane ko hauren giwar da aka kama tsohon ajiya ne ko na giwar da aka kashe kwanan nan, abin da ke iya raba mai kaya da gidan yari. Yana kuma taimakawa wajen tace iƙirarin shekaru, don kunkuru dabba ce da ake yawan ƙara wa shekaru, kamar Alagba na fadar Soun, sarkin Ogbomoso, da ya mutu a 2019 aka ce shekararsa 344, masana dabbobi suka ce da wuya irinsa ya kai ko kusa da haka.

Alagba ɗin irin na Sahel ne, Centrochelys sulcata, wanda shi kaɗai ya rage da rai a gidan. Shi ne mafi girman kunkurun tudu da ke zaune a kan nahiya, na Galapagos da na Aldabra kaɗai suka fi shi kuma duka 'yan tsibiri ne, babban namiji yana iya doshin kilo 100, yana haƙa rami mai zurfi ya shige lokacin zafi. A da yana shimfiɗe daga Muritaniya da Senegal ta Mali da Nijar da arewacin Najeriya da Chadi har Sudan da Habasha, yanzu ya koma gungu-gungu a wurare irin su gandun dajin W da yankin Termit a Nijar, tsakanin gungu da gungu gonaki ne da burtali da garuruwa, kusan kamar tsibiran ne a kan tudu. Ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sa shi a jerin dabbobin da ke cikin haɗarin ƙarewa, dalilan sun haɗa da gogayya da dabbobin kiwo a kan ciyawa, gobarar daji, da kamawa don sayarwa ko ajiyewa a gida. Tun shekarar 2000 yarjejeniyar duniya kan cinikin namun daji, CITES, ta hana fitar da wanda aka kamo daga daji zuwa ƙetare don kasuwanci, don haka mai sayen ƙaramin kunkuru a kasuwa da niyyar tura shi waje yana iya samun kansa a hannun kwastan.

Ga wanda kuma ya ci karo da baƙon ƙashi wajen haƙar rijiya ko kwasar yashi ko tonon gini, darajar abin a wurin masana tana tattare da sanin ainihin inda ya fito, zurfin nawa, a cikin wace irin ƙasa, da me aka same shi tare. Hoto ɗaya da waya kafin a ɗaga shi daga wurin yana riƙe wannan bayanin. Shi kansa kunkurun Sal abin da yake jira kenan, ƙashin da za a iya tabbatar da cewa daga kwarin Pedra de Lume ya fito, ko cikin na shekarun 1930 ko a sabon tono, a auna shi, sannan a raɗa masa suna.